Marigayi Johnny Walker: Kwandastan bas da ya shigar da harshen kasuwa cikin finafinan Indiya

 A yau ƙasar Indiya muka nufa, domin mu kawo muku tarihin wani bawan Allah da akasarin dattawanmu sun san fuskarsa, ko da kuwa ba su riƙe sunansa ba. Shi ne ɗan siririn nan mai siririn gashin baki da muryar hanci, wanda da zarar ya ɓullo a majigi yana tangaɗi sai gidan silima ya ɗauki sowa tun bai buɗe baki ba. Duniya ta san shi da Johnny Walker, amma sunansa na yanka Badruddin Jamaluddin Kazi.

Tun cikin shekarun 1950 ne Kwarori, wato 'yan kasuwar Labanan masu gidajen silima, suka soma shigo da finafinan Indiya ƙasashenmu, kuma suka sami karɓuwa fiye da yadda aka zata. Waɗanda suka yi zamanin Palace da Plaza da Orion a Kano, ko Normandie da Rio da Shéhérazade a nan Njamena tun ana kiranta Fort-Lamy, ba su buƙatar a ba su labari. Abin da ya sa muka zaɓo wannan mutum kuwa shi ne, ɗan uwanku ne a sana'a. Da talla ya fara neman abinci, da kasuwanci ya ƙare, kuma a tsakanin nan ya ɗauki maganar 'yan tasha da 'yan tireda ya kai ta inda a da ba a yarda ta shiga ba.

Haihuwarsa da tasowarsa

An haifi Badruddin cikin shekarun 1920 a birnin Indore da ke tsakiyar Indiya, lokacin ƙasar tana hannun Turawan Ingila. Gidansu gidan Musulmi ne mai yawan 'ya'ya, mahaifinsa kuma ma'aikacin masaƙa ne. Da aikin ya ƙare wa mahaifin, sai ya tattara iyalinsa ya nufi Bombai, birnin da tun 1995 ake kira Mumbai, kamar yadda dubban talakawa ke kwarara can a lokacin saboda masaƙu da tashar jiragen ruwa.

Birni bai karɓe su da hannu biyu ba. Tilas Badruddin ya ajiye karatu tun bai yi nisa ba, ya shiga neman abin da za a sa a tukunya. Ya yi tallan alawar ƙanƙara, ya yi na kayan marmari da gyaɗa da kayan rubutu, duk abin da ya samu zai kawo riba sai ya ɗora a kai. Kowane ɗan kasuwa ya san abin da talla ke koya wa yaro. Tana koya masa ya karanci fuskar mai saye kafin ya yi tayi, ya san wanda ake ja da wasa da wanda ake bi da girmamawa, ya kuma san cewa kaya ba sa sayar da kansu, baki ne ke sayar da su. Wannan ita ce makarantar da ya yi, kuma da takardar shaidarta ya ci abinci har ƙarshen rayuwarsa.

Daga bisani ya sami aikin kwandasta a kamfanin BEST mai kula da motocin bas na birnin, waɗancan jajayen motoci masu hawa biyu, inda aka ajiye shi a tashar Dadar. Aikin kwandasta aiki ne na ɓacin rai, domin ga cunkoso, ga rigimar canji, ga masu son su hau su sauka ba su biya ba. Shi kuwa sai ya mayar da motar dandalin wasa. Yadda yake kiran sunayen tashoshi, da yadda yake kwaikwayon muryoyin mutane, ya sa fasinjan da ya shigo da fushi yakan sauka yana dariya.

Yadda sunan giya ya bi wanda bai taɓa sha ba

Wannan baiwa ce ta ja hankalin Balraj Sahni, ɗan wasa kuma marubuci, wanda a lokacin yake rubuta labarin fim ɗin Baazi. Fim ɗin na kamfanin Navketan ne na su Dev Anand, kuma shi ne na farko da wani matashi mai suna Guru Dutt zai ba da umarni. Labarin da ya shahara shi ne, Sahni ya shirya da Badruddin ya faɗo ofishin kamfanin yana layi kamar wanda ya yi tatil. Ya shigo ya dami kowa da surutu har ana shirin fitar da shi, sai kawai ya miƙe tsaf ya gaida mutane cikin natsuwa. Guru Dutt ya ba shi gurbi a fim ɗin, wanda ya fito a 1951, kuma shi ne ya raɗa masa suna Johnny Walker, daga sunan wata sananniyar giyar wiski ta ƙasar Sikotilan.

Abin mamakin shi ne, mutumin da ya fi kowa iya fitowa a mashayi a tarihin finafinan Indiya bai taɓa kai giya bakinsa ba. Musulmi ne mai kiyaye addininsa, kuma abokan aikinsa sun shaide shi a kan haka. Mayen da yake yi a majigi kallo ne ya koya masa. Wanda ya yi shekaru yana karɓar kuɗin mota har cikin dare ya ga mashaya iri-iri: mai kuka, mai faɗa, mai wa'azi, da mai rantsuwar cewa shi lafiyarsa ƙalau. Duk ya adana su a ka, ranar da ake bukata ya fito da su ɗaya bayan ɗaya.

Harshen kasuwa a majigi

A nan ne muke son masu karatu su ɗan dakata, domin a nan gudummawarsa take. Finafinan Indiya masu magana sun fara ne a 1931, kuma sun gaji salon maganarsu daga tsoffin kamfanonin wasan daɓe, inda ake zuba Urdu mai ƙawa irin ta fada da mawaƙa. Saboda haka sau da yawa za ka ga direba ko bawa ya buɗe baki yana magana kamar wazirin sarki. Magana ce mai daɗin ji, amma ba ita ake yi a layin famfo ko a bakin tasha ba.

Bombai kuwa birni ne na baƙi. Akwai 'yan ƙasa masu jin Marathi, da attajirai masu jin Gujarati, da Musulmi masu Urdu, da leburori daga arewa masu Hindi, da Kiristocin Goa, da mutanen kudu. Da yake dole a yi ciniki, sai wani harshe ya tsiro a tsakaninsu wanda ake kira Bambaiya. Gangar jikinsa Hindi ce, amma an rage masa ƙa'idojin nahawu, an cusa masa kalmomin kowa. Alal misali, dankalin Turawa da mutumin Delhi ke kira alu, a kasuwar Bombai batata ne, kalmar da ta samo asali daga Turawan Fotugal. Albasa a Delhi piyaz ce, a Bombai kanda. Inda malamin makaranta zai ce main, wato ni, ɗan tasha apun zai ce. Masu ilmi suna yi wa wannan harshe kallon gurɓatacce, alhali da shi miliyoyin mutane ke saye da sayarwa, da shi suke faɗa, da shi suke shiryawa.

Mu da ke wannan yanki ba sai an yi mana dogon bayani ba. Wanda ya sayo kaya a Gamboru, ya tsallaka Fotokol, ya kwana a Kuseri, ya haye gadar Ngeli ya sauke a kasuwar Dembe ko Kasuwar Gero, ya san yadda jimla ɗaya kan fara da Hausa, ta ratsa ta Larabcin Chadi, ta ɗauko kalmar Faransanci, ta ƙare da gaisuwar Barebari. Idan mai tumatir ta ce maka riyal ashirin, ka san sefa ɗari take nufi, kamar yadda ɗan uwanmu na Maraɗi zai ce dala ashirin. Babu littafin da ya koya mana wannan, kasuwa ce ta koya mana. To, irin wannan harshe ne Badruddin ya tashi da shi a bakinsa.

Sa'ar da ya yi ita ce haɗuwarsa da wani matashin marubuci, Abrar Alvi, wanda ya shigo tawagar Guru Dutt a fim ɗin Aar Paar na 1954. Alvi ya tsaya a kan cewa kowane mutum a cikin labari ya yi magana yadda irinsa ke yi a zahiri. Jarumin fim ɗin direban tasi ne da ya fito daga kurkuku, don haka maganar direbobi aka sa masa. Mai garejin da ya ɗauke shi aiki yana magana da karin mutanen Punjab. Johnny Walker kuwa ya fito a matsayin Rustom, ɗan ƙabilar Parsi, wato jikokin mutanen Farisa da suka yi hijira zuwa Indiya tun ƙarnoni da suka wuce, ya kuma kwaikwayi karin harshensu yadda duk ɗan Bombai zai gane. Masana tarihin fim suna lissafa Aar Paar cikin finafinan farko da suka kawo maganar titi ta gaskiya cikin majigi. Alvi ne mai alƙalami, amma rubutu ba ya tashi sai ya sami bakin da zai ɗauke shi, kuma babu bakin da ya dace da shi kamar na tsohon kwandasta.

Talakawan da ya fito a siffarsu

Idan muka bi finafinansa na wannan zamani za mu ga kusan duk mutanen da muke gogayya da su kullum ne. A Taxi Driver na 1954 yana cikin 'yan tasi. A Mr. & Mrs. '55 na 1955 mai ɗaukar hoto ne a gidan jarida. A C.I.D. na 1956 ya fito a ɗan sane mai suna Master, wanda tsautsayi ya sa ya ga kisan wani editan jarida, aka bar masu laifin aka ɗora masa. A cikin wannan fim ne aka yi shahararriyar waƙar nan ta Bombai, wadda Mohammed Rafi da Geeta Dutt suka rera, shi kuma ya hau ta a bakin teku, tana bayyana wahalar zaman birni cikin raha. Har yanzu mutanen birnin suna ɗaukar ta tamkar takensu.

Amma inda ya fi taɓa zuciya shi ne Pyaasa na 1957. Labarin wani mawaƙi ne, Vijay, wanda duniya ta wulaƙanta yana raye. Da aka zaci ya mutu sai waƙoƙinsa suka yi kasuwa, kuma da ya bayyana da ransa sai 'yan uwansa na jini da amininsa da mai buga littattafan suka haɗa baki suka ce ba su san shi ba, don kada kuɗi su kuɓuce musu. Aka bar shi a gidan mahaukata. Wanda ya gane shi ya kuma taimaka masa ya tsere shi ne Abdul Sattar, mai yawo da kwalaben mai yana yi wa mutane tausar kai a titi, kuma Johnny Walker ne ya fito a wannan matsayi. Masu digiri da masu kuɗi sun ci amana, mai tallan tausa ne ya riƙe ta. Wannan shi ne sirrin wasansa. Yakan sa ka yi dariya da talaka, amma ba ya barin ka raina shi.

Lambobin yabo sun biyo baya. Ya sami kyautar Filmfare ta mataimakin jarumi saboda rawar da ya taka a Madhumati na 1958, fim ɗin Bimal Roy wanda Dilip Kumar ya jagoranta, sannan ya sami ta gwarzon ɗan barkwanci da fim ɗin Shikar na 1968. Farin jininsa ya kai an yi fim sukutum da sunansa a 1957, kuma masu sayen finafinai don rarrabawa sukan nemi a sa masa waƙa kafin su zuba kuɗinsu, domin sun san ita ke jawo 'yan kallo. Ya fito a Naya Daur da Kaagaz Ke Phool da Chaudhvin Ka Chand da Mere Mehboob, kuma jimillar finafinansa ta kai kimanin 300.

Ta fuskar iyali, ya auri Noor, ƙanwar jaruma Shakila, a 1955, duk da cewa danginta ba su so ba da farko. Gidan da ya gina a unguwar Bandra sunanta ya sa masa. Da yake rashin karatu ya tsaya masa a rai, sai ya tabbatar 'ya'yansa sun samu, har ya tura mazan Amurka.

Juyin zamani

Ranar 10 ga Oktoban 1964 Guru Dutt ya rasu yana da shekara 39. Wannan rashi ya girgiza Johnny Walker, domin ya rasa ubangida kuma amini, wanda ya fi kowa sanin yadda ake amfani da baiwarsa. A daidai wannan lokaci kuma tauraron Mehmood yana haskawa, da wani salo mai zafi da hayaniya. Zuwa shekarun 1970 sai manyan jarumai suka fara yin barkwancin da kansu. Duk wanda ya kalli Amar Akbar Anthony na 1977 ya ga yadda Amitabh Bachchan ya riƙa zuba harshen titin Bombai, wanda Kader Khan ya rubuta masa. Hanyar da kwandasta ya share ce jarumai suka bi, amma hakan ya rage wa masu barkwanci zalla kasuwa.

Duk da haka ya nuna cewa tsohon hannu ba ya mantuwa. A fim ɗin Anand na 1971, Rajesh Khanna ya fito a mara lafiyar da ajali ya kusanto, mai al'adar tare baƙo a hanya ya kira shi da sunan wani aboki na ƙarya. Kowa yakan yi turus, sai Isa Bhai, wato Johnny Walker, wanda nan take ya karɓi wasan kamar sun shekara ashirin tare. Fitowarsa 'yar kaɗan ce, amma lokacin da ya gane cewa abokin nasa mutuwa zai yi, ya sa masu kallo da yawa hawaye.

A farkon shekarun 1980 ya ja da baya. Ya sha bayyana cewa barkwanci ya koma batsa da maganganu masu harshen damo, shi kuwa ba zai yi abin da zai ji kunyar kallo tare da 'ya'yansa ba. Yakan yi alfahari da cewa a duk finafinansa hukumar tace finafinai ba ta taɓa yanke masa ko kalma ɗaya ba. Ya koma kasuwancin duwatsu masu daraja, ya zauna da iyalinsa cikin rufin asiri. Sai a 1997 aka lallashe shi ya dawo sau ɗaya, a fim ɗin Chachi 420 na Kamal Haasan, inda ya fito a tsohon mai kwalliyar 'yan wasa da ba ya rabuwa da kwalba. Allah ya yi masa rasuwa a Mumbai ranar 29 ga Yulin 2003, bayan fama da ciwon ƙoda.

Gadon da ya bari

Wata biyar bayan rasuwarsa, a Disambar 2003, aka saki Munna Bhai M.B.B.S., inda Sanjay Dutt, wanda 'yan kallon Kano suka raɗa wa Ɗan Daba Mai Lasin, ya fito a ɗan daban da ya shiga makarantar likitoci. Kusan rabin daɗin fim ɗin a harshen titi yake, kuma ya yi kasuwa a faɗin Indiya. Kafin shi an yi Rangeela a 1995, inda Aamir Khan ya fito a mai cuwa-cuwar tikitin silima, da Hera Pheri a 2000, inda Paresh Rawal ya fito a mai gareji da bashi ya yi wa katutu, ga 'yan haya ba sa biya. Daga baya salon ya tsallaka Delhi, a finafinai irin su Khosla Ka Ghosla na 2006, labarin wani dattijo da wani babban dillali ya ƙwace wa fili. Matsalolinsu kuɗin haya ne da bashi da rigimar fili, maganarsu kuma ta gida ce. Abin da a 1954 ake ganin ƙarfin hali ne, yanzu ya zama ruwan dare.

A wajenmu ma haka abin yake. Marigayi Usman Baba Pategi ya yi suna ne da Hausar bariki a wasan Samanja, marigayi Rabilu Musa Ibro kuma, wanda ya rasu a 2014, da maganar 'yan kasuwa da mutanen karkara ya mamaye finafinan Hausa. Tun shekarun 2010 kuma, masu fassara finafinan Indiya zuwa Hausa a Kano, irin su kamfanin Algaita, sun gane cewa fassarar da aka yi da Hausar titi ta fi shiga. Kasuwa ta riga ta yanke hukunci a kan wannan.

Sai dai akwai abin da ya kamata masu wannan sana'a da mu masu saye mu riƙe daga rayuwar Badruddin. Harshen kasuwa daban, ashar daban. Wasu suna zaton sai an yi zagi ko batsa sannan magana ta zama ta titi, alhali duk wanda ya zauna a rumfa ya san cewa gwanin ciniki da zolaya da habaici da karin magana yake cin kasuwarsa, mai ashar kuwa korar masu saye yake yi. Wannan bawan Allah ya yi shekara talatin yana magana da bakin ɗan tasha, bai sa uba ya sunkuyar da kai a gaban ɗansa ba, kuma da ya ga kasuwar ta koma ta kayan da ba zai iya sayarwa ba, sai ya rufe rumfarsa ya tafi da mutuncinsa. Ku 'yan kasuwa da ke ɗauko waɗannan finafinai kuna sa wa a wayoyi da gidajen kallo daga Maiduguri har Njamena, da mu iyaye da ake kallonsu a ɗakunanmu, mu ne za mu zaɓi irin kayan da za su ci gaba da tafiya.

Allah ya jiƙan Badruddin Jamaluddin Kazi, ya gafarta masa kurakuransa, mu kuma idan tamu ta zo ya sa mu cika da imani. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba.